Shaidar Rigar Alƙali

An yi wani alƙali mai taurin kai. In ya rufe shaida, ko uwarsa ce ta zo ba ya saurara. Da wani mutum mai suna Mati ya rasu, ƙanensa Ɗantani ya rantse a gaban alƙalin cewa marigayi bai bar ɗa ba, don haka gida nasa ne. Aka rufe shaida.

Ba a jima ba Ladingo, matar Mati, ta haifi namiji, ta goyo shi zuwa kotu.

"Allah gafarta Malam, ga shaidana."

"Ya makara. Wanda ya zo bayan rufewa, kotu ba ta ganinsa. Kawo wanda bai makara ba, ko ki bar gidan."

"To, bari in gyara zane."

Ta ɗora wa alƙalin jaririn a cinya. Yaro ya saki fitsari.

"Subhanallahi! Ɗauke yaron nan!"

"Wane yaro? Ai kotu ba ta ganin kowa."

"Ke! Ga fitsarin ɗan Mati a rigata!"

"Madalla. Sai a saurari riga, Malam. Ita kam ba ta makara ba, kullum tare kuke shigowa."

Ɗantani ya lalubi takalmansa ya fice. Gida ya zama na maraya.