Hoton Ranar Rabon Hatsi

An yi wani mutum, wani bawan Allah, a garin da ba sai na kama suna ba. Malam Ilu mai kaset ake ce masa. Sana'arsa ajiye tsofaffin hotunan bidiyo: gobarar kasuwa, ambaliya, bikin wane da wane. Masu fim da gidajen talabijin in suna son nuna yadda aka yi a da, wurinsa suke zuwa ya kwafar musu.

To, ku saurara. Wani mai shirya fim, Sagiru, yana haɗa shiri kan shekarar yunwa, ya nemi hoton ranar rabon hatsi. Ilu ya ba shi. Amma daidai inda buhu ya fashe jama'a suka afka, sai hoto ya tsallake. An datse wurin.

Sagiru ya san abin da ke riƙe mai kallo. Ya kwaso yaransa, ya tsaya bakin shago yana ɗaga murya.

"Baba, ka cire tsokar ka ba ni ƙashi? Wa ka ɓoye wa?"

"Ban ɓoye wa kowa ba, ɗana. Wurin ne bai dace da idon duniya ba."

"Ji tsoho da ha'inci! Kunna mana asalin kaset ɗin, nan gaban kowa!"

Maƙwabta suka taru. Ilu ya sha zagi, bai rama ba, bai kuma kunna ba. Can ya ce, "In dole ne, shigo kai kaɗai." Da Sagiru ya shiga, Ilu ya tura ƙofa, ya kunna kaset ɗin.

Ga wani mutum durƙushe, yana tsintar dawa cikin ƙasa yana zubawa a hularsa. Ɗan doka na zuba masa dorina, bai saki hular ba. Da ya ɗago, kyamara ta kama fuskarsa.

Mahaifin Sagiru ne. Dattijon da har yau ba ya rasa sahun gaba, wanda bai taɓa gaya wa 'ya'yansa yadda tuwon shekarar nan ya shigo gida ba.

Sagiru ya juyo ya dubi Ilu. Da ƙyar ya ce, "Baba, ashe ka san shi."

"Wa?"

"Mahaifina ne."

"Wallahi ban sani ba. Na dai san mahaifin wani ne."

Jama'a, nan kunya ta gama da Sagiru. Don ya san da uban wani ne, da wannan dukan zai buɗe fim ɗinsa. Ya fito kai sunkuye, ya durƙusa gaban mutanen da ya tara, ya ce, "Baba, ka yafe min." Yaransa suka ce, "Maigida, me ka gani?" Ya tashi ya kama hanya.

Rufin asiri ibada ne, kuma ba danginka kaɗai ake yi wa ba. Yau kowannenmu da kyamara a aljihu. Mutum ya faɗi a titi, kafin a ɗaga shi an ɗauke shi, an tura. Kafin ka danna, ɗan'uwa, ka tuna: uban wani ne, uwar wani ce. Naka ma ba ka san ranar da ya durƙusa dominka ba.

Allah Ya rufa mana asiri duniya da lahira.