'Yan Buhu

An yi wasu 'yan kyanwa biyu, Ƙyalle mai ƙarfin hali da ƙanenta Firit mai yawan ciwo. Ko yaye su ba a gama ba, mai gidansu ya ce sun yi yawa. Ya zuba su a buhu, ya haye gada da su don kada su gane hanyar gida, ya jefar a bolar bayan kasuwa.

Ƙyalle ce ta yaga buhun da farce. Tun daga ranar, abincinsu ƙayar kifi ne, makwancinsu kuwa tsohuwar taya.

A rumfar mahauci akwai wata ƙatuwar mage mai ji da kanta, Gimbiya. Ta ci ta yi ɓul-ɓul, har ɓeraye na wucewa ta gabanta tana hamma.

Da damina ta sauka, sanyi ya kama Firit, ya kasa tashi. Ƙyalle ta je rumfar.

"Inna, ki bar min guntun hanjin nan da kika ture. Kwana uku ƙanena bai ci komai ba."

"Wa ce innarki? Da kuna da amfani za a sa ku a buhu? Ɓace min, 'yar bola!"

"Ai ba ci za ki yi ba!"

"Gara ƙuda ya ci."

Gimbiya ta kai mata yakushi. Ƙyalle ta koma kunne na jini, ta tarar Firit ya sandare a cikin tayar. Kasuwa ta ci gaba da ci, ko mutum ɗaya bai waiwaya ba. Wannan ya fi yakushin yi mata ciwo.

Ba a yi wata biyu ba ɓeraye suka cinye wa mahauci kilishi, Gimbiya na kwance tana kallo. Da hantsi sai ga buhu tim a kan bola, yana motsi.

"Wayyo! A buɗe ni! Ni ce Gimbiya, kuskure aka yi!"

Ƙyalle ta daɗe tana kallon buhun. Sannan ta sa farce ta yaga.

"'Yata, ina ake cin abinci a nan? Ina ake kwana?"

"Abinci babu, Inna," in ji Ƙyalle. Ta nuna mata tayar. "Amma ga wurin ƙanena can. Babu kowa a ciki yanzu."

Darasin wannan labari shi ne, yaran da kuke gani suna kwana a titi ba su suka jefar da kansu ba. Kada ku zage su, kada ku hana su abin da ku kanku kun ture. Da yawansu su ma sun taɓa zama a gida kamar ku.