Gawon da Ya Kwance Ƙunshinsa da Rani

Dalilin da ya sa gawo yake tsayawa tsirara da damina, da rani kuma ya yi ganye shar, labari ne mai nisa, yara. Ku matso kusa, muryata ba ta tafiya kamar da.

A wani zamani, tun ba a raɗa wa kwanaki suna ba, Lokaci wani tsoho ne mai jaki. Yawo yake da kwanaki a cikin mangala, duk a cakuɗe, ya zura hannu, abin da ya fito shi zai jefa wa duniya. Mace kan shanya gero da hantsi, kafin ta juya magariba ta yi. Yau ruwa, gobe zafi, jibi ruwa kuma. Mutanen zamanin ba su san ajiya ba. Me za su ajiye? Ko an yi fari, kafin ciyawa ta bushe sama ta sake zubowa.

A wani ƙauye, sunansa ya kuɓuce mini, amma na san a bakin fadama yake, akwai wata tsohuwa mai suna Barmani. 'Yarta ta rasu wajen haihuwa ta bar mata jaririya, kuma nonon wata jar akuya ne kaɗai ya riƙe ran yarinyar. A gindin wani gawo na bayan gida Barmani take ɗaure akuyar. Nan take tatsa, nan take hira da gawon, don a lokacin itatuwa suna magana.

Wata rana Lokaci ya bi ta ƙauyen, mutane suka tare shi. Barmani ce a gaba.

"Baba, ka dubi Allah ka ware kayan nan naka," in ji ta. "Kwanan baya na tafi ɗaurin aure, kafin in isa amarya ta yi jika. Ka sa ruwa gefe, rana gefe, mu san inda muke."

"Kun tabbata?"

"Mun tabbata!"

Ya sauke mangala ya ware. Kwanakin ruwa ya tara su wuri ɗaya, na rana wuri ɗaya. Sannan ya bi itatuwa yana ba kowace ƙunshin ganyenta, ya ce, "Sai ruwa ya sauka ake kwancewa. Wanda ya kwance a wani lokaci, wannan ya zama lokacinsa har abada."

Damina ta zo sukutum, aka yi murna, aka ci, aka ƙone karan da ya rage. Sai ruwa ya ɗauke. Mutane suka ce gobe zai dawo, kamar yadda suka saba. Bai dawo ba. Ciyawa ta bushe, itatuwa suka kakkaɓe, fadama ta tsattsage. Manya suka koma tonon saiwa suna tafasawa. To, jaririya fa? Ba ta da haƙori ko ɗaya.

Haƙarƙarin akuya ya fito. Barmani ta tatsa, ta tatsa, abin da ya ɗiga ko gindin ƙwarya bai rufe ba. Kukan yarinyar ya koma siriri kamar na ɗan kyanwa. Tsohuwa ta zauna a gindin gawo da ita a cinya, ta ce, "Maƙwabci, da bakina na roƙo mana wannan."

Gawo ya ce, "Iya, ƙunshina na damina mai zuwa yana nan, ban taɓa ba."

"A'a. Ka ji abin da tsohon nan ya faɗa. Ranar da kowa ya yi ado kai za ka tsaya tsirara."

"Yanzu da kike kallona, riga gare ni? Kwanto akuyar."

Nan take rassansa suka motsa. Ganye ya ɓarke a tsakiyar rani, 'ya'yansa suka nuna suka riƙa faɗowa. Akuya ta ci har ta kwanta tana tuƙa. Da Barmani ta sake tatsa, ta ji ƙarar nono a ƙwarya, sai hawaye. Maƙwabta ma suka koro nasu dabbobin, gawo bai hana kowa ba.

Ana haka sai ga Lokaci, ya hango kore daga nesa.

"Wa ya kwance ba a ce a kwance ba?"

Barmani ta durƙusa. "Baba, ni na jawo. Ka ɗora mini."

"Maganar da na yi ba ta komawa mangala," in ji shi. Ya dubi jaririyar, nono na bin haɓarta, ya daɗe yana kallo. Sai ya sassauta murya. "Gawo, kai da damina kun rabu ke nan. Amma duk ganyen da ka zubar, ƙasa ba za ta ci shi a banza ba."

Da ruwa ya sauka, kowace bishiya ta yi ado, gawo ya zubar da nasa. Tsamiya ta leƙo ta ce, "Gawo, wanki ka ba da rigar ne?" Ita kuwa Barmani ta ɗauko fartanya ta shuka gero a gindinsa, tana goye da jikarta, don nan rana take sauka ba inuwar da ta tare ta. Ba a taɓa ganin zangarniya irin ta wannan wurin ba. Da ta girbe, damin farko a jikin gawo ta jingina shi, ta ce, "Maƙwabci, Allah Ya saka."

Shi ya sa har yau makiyayi yake neman gawo idan rani ya yi tsanani, manomi kuma ba ya son a taɓa na gonarsa. In kun gan shi da damina ƙayau, kada ku ce ya mutu ku ɗauko gatari. Da ransa. Ganyensa na bana, wata jaririya ce ta riga ta shanye shi.