Mangwaron Alhaji Kabo a Gonar Mainasara

A wani ƙauye kusa da Dutsi akwai wani manomi, Mainasara, mutumin kirki, sai dai Allah Ya zuba masa gajen haƙuri. Gonar gado ɗaya gare shi a bakin fadama, ita ke ci da gidansa. Maƙwabcinsa Ɗantsoho kuwa duk damina sai ya matso da iyaka, ya ci masa taku biyu ko uku. Dagaci ya ce a bari kaka ta yi, dattawa su je su duba. Ina, Mainasara ba zai iya jira ba.

Ya tafi Mai'adua wurin Alhaji Kabo, wani mai hannu da shuni, ya kai kuka. Alhaji ya ce abu mai sauƙi ne, Mainasara ya ara masa gonar shekara biyu, shi kuma ya kewaye ta da waya, a ga wanda zai ƙara taɓa ta.

Baffan Mainasara, Malam Nu'uman, tsohon malamin tarihi a Daura, ya kira shi ya zaunar. Ya ba shi labarin mutanen Kuba da Filifin, waɗanda suka sha yaƙi da mulkin Sifaniyawa, Amurka ta shigo a 1898 da sunan taimako. Aka kori Sifaniya, mai taimako ya gyara zama. Filifinawa da suka ce su ma ƙasarsu suke so, aka ƙone ƙauyukansu, dubbai suka mutu. A Kuba kuwa har gobe akwai wani yanki a hannun Amurka.

"In ka ƙi ji," in ji Malam, "to ka riƙa karɓar damin aro, shaidar gonar taka ce, duk kaka a gaban shaidu, kada kuma ka yarda ya dasa itace."

"Haba Baffa, mutumin da ya share mini hawaye zan tsare da damin gero?"

Waya ta kewaye gona, Ɗantsoho ya ja da baya, Mainasara ya yi ta cika baki a kasuwa. Alhaji ya dasa mangwaro ya ce alamar iyaka ce, ya haƙa rijiya. Shekara biyu ta zama bakwai, kullum sai ya ce a ƙara haƙuri, Ɗantsoho bai daddara ba.

Da Mainasara ya kai ƙara, dagaci ya tambayi jama'a ko akwai wanda ya taɓa ganin an kai wa Mainasara damin aro. Babu ko ɗaya. Kowa kuma ya san mai aro ba ya dasa itace, ga mangwaro har ya yi inuwa. Aka ce gona kyauta ce aka ba Alhaji.

Abin tausayi, yunwa ta mai da Mainasara ɗan ƙwadago a gonar ubansa. Ranar farko da ya tashi daga aiki, maigadin Alhaji ya tsayar da shi a bakin ƙofa ya laluba aljihunsa, ko ya saci mangwaro.

Darasi a nan shi ne, kada zafin ƙaramin zalunci ya sa ka miƙa abinka ga wanda ya fi ƙarfinka. Kafin ka buɗe wa mai taimako ƙofa, ka tabbata kana da ikon ce masa ya fita.