Giginyar Tabawa a Tsibiri Mai Tafiya

Ku gyara zama, ku bar ƙus-ƙus ɗin nan. Ga ta nan, ga ta nanku.

Ta zo mu ji ta, Kaka.

A tsakiyar babban kogi akwai wani ɗan tsibiri. Tsawonsa taku ɗari uku, faɗinsa bai kai hamsin ba. Kansa gaɓar jar laka ce, tsakiyarsa ciyawar burgu, wutsiyarsa farin rairayi. Ba mai kwana a can sai belbela. Mutane sun ce ba a kafa gida a ƙasar da ke tafiya, domin kowace damina ruwa yakan cinye taku ɗaya daga kansa.

Akwai wani mai fito, sunansa Ɗantani. Shekarar da ya auri Tabawa, sai ta shuka giginya can wajen kan tsibirin. Suka tsufa tare, ba su haihu ba. Sai Allah ya yi mata rasuwa. Ɗantani ya je ya auna. Saura taku uku ruwa ya cim ma giginyar.

Sai ya saro turaku, ya kakkafa a gaɓa. Sai dorina ta ɗago kai daga ruwa.

Ta ce, "Sannu da aiki, mai fito. Kogin za ka ɗaure kamar akuya?"

Ya ce, "Ke dai ci burgunki."

Damina ta zo, ruwa ya tafi da turakun. Saura taku biyu.

Sai ya yi ta jidar duwatsu a kwalekwale, ya jera.

Dorina ta ce, "Bana kuma murhu ake haɗa wa kogi?"

Ya ce, "Bakin nan naki ya fi jikinki girma."

Damina ta zo, duwatsun suka nutse. Saura taku ɗaya.

Sai ya kawo igiya, ya ɗaure giginyar da turke a tsakiyar tsibirin.

Dorina ta ce, "Ɗantani, ƙasar da ka kafa turken ma tafiya take yi."

Sai ya ƙara ɗaure igiyar tam.

Wata safiya gaɓar ta zube, giginya ta faɗa ruwa. Tsohon ya zauna a laka yana hawaye. Ranar dorina ba ta yi masa ba'a ba.

Ta ce, "Shekara nawa kana auna kan tsibirin nan?"

"Arba'in."

"Ka taɓa auna wutsiyar?"

"Me zan auna a rairayi?"

"Tashi ka taka."

Sai ya tashi yana ƙirga taku. Ya ratsa burgu, ya hau rairayi, har ƙarshe. Taku ɗari uku cif, bai ragu da ko ɗaya ba. Ashe abin da ruwa ya ɗiba a kai, a wutsiya yake ajiye shi. Can a sabuwar ƙasar sai ga ƙananan giginyoyi guda tara, daga 'ya'yan da ruwa ya riƙa kwasowa. Babbarsu ta kai kafaɗarsa.

Ya dafa ta, ya ce, "Haba Tabawa, kin ƙaura ba ki gaya mini ba?"

Sai ya juya ga dorina. "Kada ki tattake mini su."

Ta ce, "Ni? Da 'yan ƙafafun nan nawa?"

Sai Ɗantani ya yi dariya, irin wadda bai yi ba tun ranar jana'iza.

Ƙurunƙus kan kusu, ta ƙare ke nan. Idan kun rasa abu, yara, ku yi kukanku, amma ku daure ku taka har ɗaya ƙarshen.