Maƙeri da Ƙarfen Raɓa

A wata ƙasa mai nisa, bayan duwatsu, an yi wani maƙeri da yake zaune a bakin gari shi kaɗai. Mutanen ƙasar suna da labarin wani ƙarfe da suke kira ƙarfen raɓa. Fari ne, sanyi gare shi ko da rana tsaka, kullum kuma a jiƙe yake. Duk wanda ya ƙera dagi da shi ya soka a ƙasa, ruwa zai ɓuɓɓugo a wurin, ba zai ƙafe ba. Sai a yi shekara ɗari ba a sami ko gutsurensa ba.

Maƙerin nan yana da ciwo a zuciya. Wata damina matarsa ta kwanta rashin lafiya, ya bi gida gida yana neman waɗanda za su taya shi ɗaukarta a haye kogi zuwa wurin mai magani. Kowa ya ce noma ya sha masa kai, sai gobe. Kafin goben ta rasu. Daga ranar bai ƙara yi wa kowa maganar ba. Ya ci gaba da ƙera musu fartanya da lauje, yana amsa gaisuwa, amma bai manta da ƙofa ko ɗaya da ya ƙwanƙwasa ba.

Bayan shekara tara, yana haƙar tama a gindin dutse, sai hannunsa ya taɓa wani abu mai sanyi. Ya ciro shi, bai fi dunƙulen hannu ba, ruwa yana ɗiga daga jikinsa. Ya kai maƙera ya ƙera dagi, ya naɗe a fata, ya ajiye a bayan zugazugi.

A shekarar aka yi fari. Kogi ya zama yashi, rijiyoyi suka ƙafe, shanu suka fara faɗuwa. Da maƙerin ya ga mata suna dawowa da tulu wofi, sai ya ji wani daɗi da shi kansa ya ji kunyarsa.

Ƙanwarsa, wadda take aure a cikin gari, ita kaɗai ya nuna wa dagin. Ta riƙe shi da hannu biyu tana kuka, ta ce, "Yaya, tashi mu je dandali yanzu."

Ya ce, "Su zo tukuna."

"Su wa?"

"Dukansu. Su durƙusa a ƙofar nan su faɗi abin da suka yi mini."

Ta ce, "Yaran da suke kukan ƙishi ba a haife su ba lokacin, Yaya."

Ya karɓe dagin ya mayar cikin fata. "Iyayensu an haife su, Auta."

Ta je ta faɗa wa mai gari. Mai gari ya zo da dattawa uku, ya tsaya a ƙofar maƙera ya ce, "Mun yi maka laifi, ka yi haƙuri, ka taimaki jama'a." Maƙerin ya dube su, ya ga su huɗu ne kawai, kuma a tsaye suke. Ya ce, "Ban san wane ƙarfe kuke nufi ba." Ya juya ya kama zuga wuta.

Shi yana lasar raɓar dagin yana kashe ƙishinsa, yana jira. Ya tabbata ƙishi zai kawo su. Amma mutanen suka gaskata maganarsa cewa babu ƙarfen, suka ɗaure kaya, gida bayan gida, suka nufi kudu neman ruwa. Ƙanwarsa ta bi mijinta da tsohon ciki. Da ta zo sallama bai fito ba, don yana zaton ita ma roƙo ta zo yi.

Kwana goma sha biyu da tafiyarsu, wani makiyayi ya biyo ta garin ya ce masa, "Kai ne wan matar nan mai ciki? A hanya ta faɗi, kwana biyu kafin su kai ruwa. A gindin wata ƙaya aka binne ta."

Maƙerin ya ɗauki dagin da gudu ya je dandali, ya ɗaga ya soka a ƙasa. Ruwa ya ɓalle, garau, mai sanyi. Ya cika dandali, ya bi lunguna, ya shiga gidajen da ba kowa. Ya tsaya cikin ruwan har gwiwa yana kiran sunayen mutane ɗaya bayan ɗaya. Ba wanda ya amsa. A garin ya tsufa shi kaɗai.

To, 'yan'uwa, ga abin da misalin nan yake nufi. Ƙarfen raɓa shi ne baiwar da Ubangiji ya sa a hannun kowannenmu, ba domin kanmu ba. Kukan maƙerin kuwa ba ƙarya ba ne, an cuce shi da gaske, kamar yadda aka cuci wasunku a cikin ikilisiyar nan. Wata ta daina waƙa tun ranar da aka ƙi zuwa jana'izar mahaifiyarta. Wani ya iya koyarwa, amma ya naɗe hannu yana jiran dattawa su zo gidansa. Ku lura da wanda ya mutu a hanya: ba waɗanda suka yi laifin ba ne, wadda take ƙaunarsa ce. Almasihu bai jira mun durƙusa ba kafin ya ba da ransa dominmu. In akwai wanda kake jira ya zo ya roƙe ka, kada ka bari Lahadi mai zuwa ta same ka kana jira. Ka tashi ka je wurinsa yau, tun yana nan.