Kurege da Irin Gyaɗar Gwaggo Tasalla

To jama'a, ku gyara zama, yau sai kun yi mini alƙalanci.

A wani ƙauye an yi wata tsohuwa, Gwaggo Tasalla, mai irin wata jar gyaɗa da ta gada wurin uwarta. Kai, gyaɗar nan ba a magana! Ko damina ta yi gardama sai ta yi 'ya'ya, kuma duk yankin ba mai ita sai Gwaggo. Ana cikin bazara gobara ta cinye rumbunta ƙurmus. Asarar hatsi ba ta dame ta kamar ta irin nan ba. Ta daina cin abinci, kullum sai dai ka ji tana cewa, "Shi ke nan, gyaɗar Inna ta ƙare a hannuna."

Ashe Allah ya tanadar mata 'ya'yan ƙanenta uku.

Babbansu Sallau. Shekarun baya, da samari suka bi gonaki da karnuka suka kusa ƙarar da kuregun ƙauyen, shi ne ya tsaya kai da fata ya hana su shiga gonar Gwaggo. Ita kanta ta sha yi masa faɗa, wai yana kiwon ɓarayi. Da aka yi gobara kuwa, ba sauran gyaɗar da ta rage sai wadda ɓarayin nan suka sace.

Na biyu Nomau, makiyayi ne da ya san daji kamar tsakar gidansu. Da mutane suka nufi kurmin bakin rafi neman abin da kurege ya ɓoye, dariya ya yi. Ya ce, "Gwaggo, waɗancan kuregun bisa ne, ina ruwansu da gonarki? Naki mai farin zane ne a haƙarƙari, a jigawa yake haƙa rami, gindin tsohon suri." Ya kai su wurin, ya kuma gaya musu kada su wahala da ramin, don kurege ɗai-ɗai yake binne gyaɗa nan da can, wata ma ya manta da ita.

Autansu Talle. Da aka ɗauko fartanya za a birkice jigawar, shi ya hana, ya ce a jira ruwa. Ruwa na sauka sai ga tsiro jefi-jefi. Ya kewaye kowanne da ƙaya, ya yi ta fama da awaki da kuregun kansu, rana ta gasa shi har kaka.

Ranar da ya dire mata 'yar ƙwarya cike da jar gyaɗa, Gwaggo ta fashe da kukan murna. Amma ƙarfinta ya ƙare, kuma a gidansu mutum ɗaya ake danƙa wa irin, kamar yadda aka danƙa mata. Ta dubi wannan, ta dubi wancan, ƙwarya a hannunta.

To, ku da kuke zaune, Sallau, Nomau ko Talle, wa za ta miƙa wa?